Kaset Ɗin Babana da Aka Ce Aljanu Ne a Ciki

Shekarun baya, jim kaɗan bayan rasuwar mahaifina, na yi wani fushi wanda har yau in na tuna sai na ji ƙirjina ya ɗau zafi. Masu bibiyata a nan kun san ni da raha. Yau dai sai ku yi haƙuri, labarin ba na dariya ba ne, ko da yake akwai inda ni kaina na zama abin dariya a ciki.

Mahaifina malamin lissafi ne. Shi kaɗai ya yi boko a gidansu, sauran duk allo suka riƙe, domin kakanmu malami ne mai makaranta a wani ƙauye ta wajen Miga. Tun muna cikin tsohuwar jihar Kano aka tura Baba kwas Ingila. Da za su dawo, abokan tafiyarsa suka sayo kwat da agogo da rediyo, shi kuwa ya dawo da wata 'yar baƙar kwamfuta da ba ta fi faɗin littafi ba, madannanta na roba. Ba ta da allon kanta, da talabijin ake haɗa ta. Kuma ba ta riƙe komai, kana kashe ta ta manta duk abin da ka koya mata. In kana son aikinka ya tsira, sai ka jona ta da rakoda, ta mayar da aikin ya zama sauti, ka naɗe shi a kaset irin wanda ake sa waƙa ko wa'azi. Ranar da kake bukata ka kunna mata kaset ɗin, ta saurara, aikin ya dawo.

Sautin kuwa ba daɗin ji. Da wani dogon fito siriri yake farawa, sai ya ɓarke da ƙara kamar an tara gyare a cikin gwangwani an girgiza. Da wannan ƙarar na tashi. Mukan zauna gaban talabijin, gefen allon yana ta zanen ja da shuɗi, Baba yana gargaɗin kada wanda ya taɓa tebur, mu kuma muna danne numfashi har abin ya gama shiga.

Bayan an ƙirƙiro Jigawa aka mayar da shi Dutse, a nan kwamfutar ta gamu da ajalinta. Wata rana aka kawo wuta da ƙarfi, ta yi hayaƙi, shi ke nan. Amma kaset ɗin bai zubar da ko ɗaya ba. Ya jera su a wata adaka ta ƙarfe, da ya yi ritaya ya koma ƙauye da mahaifiyata, adakar na cikin kayansu. A ƙarshen rayuwarsa ya samu shanyewar ɓarin jiki, bakinsa ya rufe, ya daɗe yana jinya ba ya iya furta ko kalma ɗaya, har Allah ya karɓi abinsa.

Ni a Dutse nake aiki, a sashen kwamfuta na wata ma'aikata. Bayan sadakar bakwai na koma bakin aiki, sai sadakar arba'in na sake zuwa. Na sauka daga mota da buhun shinkafa da jarkar mai, muka kwana muna aiki, da safe aka soya waina da ƙosai aka rarraba gida-gida kamar yadda aka saba. Kafin azahar sai ga kwanuka suna dawowa. Ba wai an juye an dawo da kwano ba, a'a, da abincin a ciki, ko buɗewa ba a yi ba. Wannan gida a ce sun ƙoshi, wancan a ce suna azumi. Ƙauyen da in ka soya ƙosai ƙamshi kaɗai yake tara maka jama'a.

Na shiga ɗakin Inna, tana zaune a kan tabarma cikin takaba, carbi a hannu. Na ce, "Inna, me aka yi a garin nan?"

Ta ajiye carbin. Sannan ta ba ni labari, muryarta ƙasa-ƙasa kamar ita ce mai laifin.

Bayan tafiyata, da aka zo duba kayan mamaci, aka fitar da adakar zuwa zaure. Baffana, wato yayan mahaifina, shi ne babba a gidan kuma shi ya gaji makarantar kakanmu. Ya ga kaset jere, ya ɗauka karatu ne, ya sa aka kawo rakoda aka saka ɗaya a gaban mutane. Ƙarar nan ta tashi. Aka cire aka sa wani, ita ce dai. Sai Baffa ya tashi tsaye ya ce a kashe, wannan ba muryar bil'adama ba ce. Kafin magariba magana ta zaga gari: ashe abin da Malam na boko ya je ya ɗauko a ƙasar Turawa ke nan, ashe shi ya sa yake kulle kansa a ɗaki, ashe aljanun ne suka juyo kansa a ƙarshe suka ɗaure masa harshe. Washegari Baffa ya sa aka kai adakar bayan gari, aka yi tofi, aka zuba kananzir aka cinna wuta.

Tun daga ranar matan da suke shigowa yi wa Inna gaisuwa suka ɗauke ƙafa. Matar da ta yi shekaru tana karɓar haihuwarsu, tana yi musu kitso kyauta.

Ban san lokacin da na yafa mayafi ba. Na samu Baffa a ƙofar gidansa a kan buzu, na durƙusa na gaishe shi yadda ya kamata, domin ko wuta ce a cikina ban manta tarbiyya ba.

Na ce, "Baffa, na ji an ƙona kaset ɗin Baba."

Ya ce, "An ƙona. Taimakonsa muka yi, ko Allah ya sassauta masa."

"Baffa, aikin kwamfuta ne a ciki. Lissafi ne da wasannin yara. Da idona na gani, a gabana yake yi."

"Shekararki nawa a lokacin?"

"Ina firamare."

"To kin gani. Yaro ai abin da aka nuna masa yake gani." Ya gyara zama. "Ni na tsufa ina sauraron karatu. Na san muryar mutum, na san ta dabba, na san kukan inji. Abin da na ji ran nan ba ko ɗaya a ciki. In kwamfuta ce, ina kwamfutar?"

Na ce ta lalace tun da daɗewa. Sai ya yi wani murmushi, irin wanda ake yi wa wanda ya kama kansa da bakinsa, ya ce in tashi in je in kula da mahaifiyata. Wannan murmushin ya fi wutar da ya cinna ƙona min rai.

Da na koma, Inna ta rufe ƙofa, ta buɗe kwallar da take ajiye zannuwanta, ta zaro kaset huɗu a ƙulle cikin ɗankwali. Ta ce lokacin jinya Baba yakan nuna a ɗauko masa su, ya yi ta jujjuyawa a hannunsa mai lafiya, shi ya sa suke ɗakinta ba a adaka ba. Ta ce, "Ni ban san abin da ke ciki ba. Amma na san mutumin da na zauna da shi. Ki tafi da su kada a gani."

Haka na dawo Dutse da su a cikin jaka, kamar mai safarar kayan laifi.

Mijina mutum ne mai sanyi. Da na gama zazzage masa labari, cewa ya yi in bar wa Allah, gaskiya ba ta ɓuya. Na ce masa gaskiyar tana cikin jakata, kuma ba ta da ƙafar da za ta fito da kanta. Na faɗi wasu maganganun ma da ba sai na maimaita a nan ba. Ranar kasuwar Shuwarin da ke kusa da Dutse sai ga shi ya dawo da wata tsohuwar rakoda a ƙarƙashin hammata, ya ce a wajen masu kayan gwanjo ya samo, domin ya zaga shagunan Dutse duk dariya ake masa.

Abin da na sani a lokacin kaɗan ne. Na san dai sautin nan ba hayaniya ba ce, lambobi ne. Sai na shiga intanet na faɗa wani zaure na tsofaffin Turawa da ba su da aiki sai tono irin waɗannan kwamfutoci na ƙuruciyarsu. Na yi musu bayani, ban dai ambaci aljanu ba, kunya ta hana ni. Suka ce ba sai na samu tsohuwar kwamfutar ba. In jona rakodar da laftof ɗina da waya, in naɗi sautin, akwai manhajar da take sauraro ta mayar da shi lambobi, akwai kuma wata da take kwaikwayon tsohuwar kwamfutar har ta nuna abin da ke ciki. Wani dattijo a cikinsu ya ja min kunne: kaset ɗin da ya daɗe a ajiye, kada in kunna shi kai tsaye, in fara juya shi da hannu daga farko har ƙarshe, domin zaren yakan manne da juna.

Na karanta wannan gargaɗi sarai. Amma ni da nake yini a ofis ina faɗa wa mutane su bi a hankali, su karanta kafin su danna, zumuɗi da haushi suka haɗu suka rufe min ido. Na cusa kaset na farko na danna. Fiton nan ya fito, na gane shi nan take, sai kuma sautin ya yi wani lanƙwasa ya mutu. Na buɗe, rakoda ta tauna zaren ta cukurkuɗe shi kamar taliyar da ta kwana. Na zauna a ƙasan falo, babbar mace da 'ya'ya, ina zaro zare da tsinke ina nannaɗewa da biro ina kuka da majina. Mijina ya leƙo, ya ga yanayin, ya koma da baya a hankali.

Daga nan na nutsu. Na goge ɗan ƙarfen da zaren yake gogawa da auduga da sifirit. Na canza robar da take juya injin, domin ta saki, sauti yana tafiya yana jan ƙafa. Wani kaset ɗin ɗan soson da yake tallafe zaren ya faɗi, na ɓalle na wani kaset ɗin waƙa na manna masa. Akwai kuma wani ɗan ƙaramin sukuru a gefen ƙarfen nan mai karatu, ana juya shi kaɗan-kaɗan ana sauraro har sai ƙarar ta fito tas ba dishi-dishi. Sai ga ni da abin sauraro a kunne ina bin ƙarar da mutanen garinmu suka guje wa, ina neman inda ta fi kaifi. Maƙwabciyata ta taɓa shigowa aron turmi ta same ni a haka, ta tambaye ni ko lafiya.

In ka buɗe sautin a laftof ka faɗaɗa shi, sai ka ga ashe tudu da kwari ne a jere, wasu gajeru wasu dogaye. Gajere sifiri ne, dogo ɗaya ne. Iyakar sirrin ke nan. Abin da aka tara jama'a aka yi wa tofi ke nan, sifiri da ɗaya. Duk lokacin da na kalli allon sai na ji kamar in ɗauki laftof ɗin in hau mota a ranar.

Amma abin bai zo da sauƙi ba. Zafin ɗakin kwano na shekara da shekaru ya cinye wasu wurare, sai ka ga tuddan nan sun kwanta sun zama layi. Kuma tsohuwar kwamfutar tana da taurin kai: a ƙarshen kowane aiki akwai wata lamba da take gwadawa ta ga ko komai ya shigo daidai, in ko ɗigo ɗaya ya ɓace sai ta yi watsi da duka. Na naɗa, ta ƙi. Na sake juya sukuru na naɗa, ta ƙi. Damina ta shigo ta same ni a kai, aka yi girbi ina kai. In na dawo daga aiki na sallami yara sai in zauna. Ana cikin haka Inna ta fita takaba, na ce ta dawo Dutse wajena, ta ce ba inda za ta, in ta tashi an tabbatar ke nan.

Abin da ya cece ni halin Baba ne. Shi mutum ne da in ya kulle ƙofa sai ya dawo ya sake taɓa kwaɗon. Na lura in ƙarar ta ƙare, bayan ɗan shiru sai fiton ya sake tashi, abin da ya biyo baya kuma tsawonsu ɗaya da na farko. Ashe kowane aiki sau biyu yake naɗarsa, ɗaya bayan ɗaya. Inda na farko ya lalace, na biyu yana da rai. Sai na koma ɗinki: in yanko lafiyayyen wuri daga wannan in dasa a wancan, ina ƙirga tudu da ido kada in ƙara kada in rage.

Wata Asabar da hantsi, na ɗora wake a wuta, na ce bari in gwada sau ɗaya kafin ya nuna. Manhajar ta saurara har ƙarshe, ba ta yi ƙorafi ba. Allon ya yi fari, sai rubutu ya fito da manyan baƙaƙe: SANNU DA ZUWA. ZAUNA MU ƘIRGA.

Na tsaya ina kallon kalmar ƙarshe. Ƙ ce mai lanƙwasa, tamu ta Hausa. Kwamfutar da aka ƙera a Ingila a wancan zamani ba ta san da wannan harafi ba. Da na leƙa cikin aikin daga baya na ga yadda ya yi: ɗigo-ɗigo ya zana ta da kansa, ita da ɗ da ɓ, don kada yaro ya karanta Hausa a karkace.

Na danna. Sai ga 'yan awaki sun fito a jere, uku a hagu, huɗu a dama, kowace da 'yan ƙahonninta. Aka tambaye ni nawa ne. Da gangan na rubuta tara. Sai ya amsa min: BA HAKA BA NE. SAKE DUBAWA A HANKALI, BA WANDA YAKE KORAR KA.

Maganarsa ce. Haka yake faɗa mana in muna aikin gida, haka yake faɗa wa ɗalibansa. Mutumin da na yi ta zama a gefen gadonsa ina roƙon Allah ya buɗe bakinsa ko kalma ɗaya ya faɗa min, ga shi yana min magana. Wake ya ƙone ƙurmus, sai da maƙwabta suka ƙwanƙwasa ƙofa.

Za ku ɗauka daɗi na ji. Na ji, na ɗan lokaci. Bayan nan fushin ya dawo ya fi na da. A cikin huɗun nan, ɗaya ya ba ni awaki, ɗaya ya ba ni wasan dara da ya rubuta wanda rabinsa kawai ya tsira, ɗaya darussan kusurwa ne na 'yan sakandare, wanda rakoda ta tauna kuwa ban samu komai a cikinsa ba. Huɗu ke nan. Adakar kuwa cike take har baki. Shekarun da mutum ya yi yana zana harafi ɗigo-ɗigo, wani ya zo da ashana ɗaya.

Na sa mijina ya aika wa Baffa da limamin garin cewa muna tafe, muna roƙon a taru a zaure bayan la'asar. Suka taru, har da waɗanda ba a gayyata ba, da wani tsoho abokin Baba tun na yarinta. Na shimfiɗa ɗankwali na ɗora laftof da rakoda. Da gangan na ƙure ƙarar kafin in danna. Fiton ya tashi, ƙarar ta biyo, na ga wasu suna ja da baya, wani yana neman tsari a fili. Ban rage ba. Na bar su suka sha ta har ƙarshe, sannan na juya musu allon.

Liman ya matso, ya gyara tabarau, ya karanta da ƙarfi. Ya ƙirga awakin da yatsa ya ce bakwai, na rubuta, allon ya ce MADALLA. Aka yi 'yar dariya. Na ce a ba ni amsar da ba daidai ba, wani ya ce goma. Da rubutun ya fito liman ya karanta, sai abokin Baba ya sunkuyar da kai ya ce, "Wallahi bakinsa ne. Ko dara muke yi haka yake ce min." Ya sa hannun riga ya share ido.

Kowa ya juya wajen Baffa. Ya yi gyaran murya ya ce, "To, alhamdu lillahi. Dama mu ba mu ce tabbas ba. Abin da mutum bai sani ba, nisantarsa ya fi alheri."

Na ce, "Baffa, ba nisanta aka yi ba, ƙonawa aka yi."

Mijina ya taɓa gefen mayafina. Ban kula shi ba.

"Ina Dutse, Baffa, ba a bayan duniya ba. Waya ɗaya za a buga a tambaye ni. Mutum ya yi jinya ba baki, ya rasu, sannan aka ɗora masa abin da ba zai iya tashi ya kare kansa ba. Aka bar matarsa cikin takaba ba mai leƙa ta. Aka dawo mana da sadakarsa a kwano. Duk wanda yake zauren nan, ko shi ko ɗansa, Baba ya koya masa lissafi a ƙofar gida ba ko sisi. Ba wanda ya ce a dakata a bincika."

Baffa ya ɗaga murya kaɗan ya ce, "Ke, da ubanki kike magana."

Na ce, "Na sani, Baffa. Shi ya sa nake durƙushe."

A nan ne muka ji muryar Inna daga bayan ƙofar da take shiga cikin gida. Ban ma san tana wurin ba.

Ta ce, "Yaya Malam, a gafarce ni, ina da magana ɗaya. A cikin adakar nan akwai kaset biyu da ba na kwamfuta ba. Muryar Malam babba ce, mahaifinku. Shekarar da zai rasu, kana gabas wajen karatu, ƙaninka ya zo da rakoda ya ɗauke shi yana tilawa. Da ya idar ya yi wa 'ya'yansa addu'a ɗaya bayan ɗaya. Da sunanka ya fara, kuma a kanka ya fi daɗewa."

Baffa ya juya ya dubi ƙofar.

Ta ci gaba, "Ƙaninka ya sha sa su a aljihu ya ce yau zai kai maka. Sai ku haɗu ku kama gardamar boko, ya dawo da su."

Da ƙyar Baffa ya ce, "Me ya hana ki faɗa?"

Ta ce, "Ina takaba. Hayaƙi kawai na hango ta kan katanga. Kuma ba wanda ya tambaye ni."

Ni ma ranar na fara jin wannan. Ban taɓa ganin kakana ba, ashe muryarsa tana cikin gidanmu duk tsawon rayuwata. Baffa ya tashi, ya nemi takalmansa ya kasa sawa daidai, ya fita. Liman ya yi addu'a aka watse.

Mata sun dawo gidan Inna, wasu da 'yar kunya, wasu kamar ba abin da ya faru. Maganar ba ta mutu duka ba, don daga baya na ji wata ta ce ai 'yar ma ta iya magana da su, shi ya sa suka fito mata a siffar awaki. Wannan kam dariya na yi, don in ban yi dariya ba zan aikata abin da za a ji ni a rediyo.

Baffa bai taɓa ba mu haƙuri ba. Amma bayan wani lokaci ciwon ido ya kawo shi asibiti Dutse, a gidana ya sauka, don ba shi da inda ya fi nan. Na yi masa duk abin da 'ya take yi wa uba. Ranar da zai koma, da safe na kai masa koko da ƙosai, na juya zan fita sai ya kira ni. Ya daɗe yana juya ludayi a kwano. Sannan ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Wannan na'urar taki da ta dawo da aikin ƙanina. In an samu ragowar wanda ya ƙone, tana iya wani abu? Na je wurin na tona. Akwai 'yan guntaye."

Ya zaro wani ƙullin leda daga aljihu ya kwance. Baƙaƙen dunƙulen roba ne da suka narke suka haɗe da ƙasa.

Na san akwai amsa mai taushi. Ina iya cewa a bar min in gwada, ya tafi da ɗan sa rai. Na dube su na ce, "A'a, Baffa. Wannan ya tafi."

Ya gyaɗa kai, ya mayar da ƙullin ya ɗaure a hankali, ya sa a aljihu.

Mutane sukan tambaye ni ko na yafe. Ina gaishe shi, ina aika masa da magani, ranar sallah ina kai masa yara. Na kuma san hukuncin da ya yanke wa kansa ya fi duk wanda zan iya yanke masa. Amma in na ce fushin ya tafi na yi ƙarya. Rashin sani ba laifi ba ne, ni ma ban san rabin abin ba sai da na zauna na koya. Abin da ya tsaya min a wuya shi ne a ce zaure cike da manya, a rasa mutum ɗaya da zai ce a jira a tambaya. Na kwashe watanni kafin in dawo da kaset uku. Su kuwa tsakanin jin ƙarar da cinna wutar, kwana ɗaya bai cika ba.